Duba Lamba Ta Huɗu

Zuwa ga Gwaggo,

Assalamu alaikum. Na koma gaishe ki a takarda, tunda waya ta ƙi mu. Rannan da na kira ki na yi ta ɗaga murya har maƙwabta suka leƙo ko lafiya, ke kuma kina ta cewa "eh, madalla" ban ma gama magana ba. Ƙarar injinan masaƙar nan ta gama da kunnenki, Gwaggo, ki yarda kawai. Direban da ke kai muku zare ya ce zai riƙa ajiye miki wasiƙa wurin mai gadin ƙofa, in ya juyo ya karɓo amsa. Ya gwiwar taki? Baba yana nan lafiya, sai tarin nan nasa da ba sa rabuwa.

Ga labari: an sa ranar auren Auta, Asabar ta ƙarshen watan jibi. Autar nan dai taki, wadda kika karɓa tana jaririya bayan rasuwar Mama. Yaron a asibiti yake aiki, wurin gwajin jini. Kunya gare shi, in ya zo gaishe da Baba ƙasa yake kallo har ya tashi.

To, farin ciki dai mun yi, amma ni nawa bai kwana ba. Tun ranar da Baba ya tara 'yan uwa ya ce, "Duk mai tambaya ya tambayi Malama," ban sake cin abinci da zafinsa ba. Shi ya koma kan kujerarsa da rediyonsa, ni aka bar ni da jama'a. Yaushe ne? A ina ne? Ƙarfe nawa? Za a zo da yara? Mutum ya tambaye ni da safe in ba shi amsa, da yamma ya aiko matarsa ta ji ko an canja. Kawu Mai Gilashi kuwa, da yake katanga ɗaya ce tsakaninmu, kullum sai ya shigo a kan maganar inda zai ajiye motarsa ranar biki. Motar nan, Gwaggo, tun kina gidan nan take kan duwatsu, kaji ke yin ƙwai a kujerar baya. Na ce, "Kawu, ai ba ta tashi." Ya gyara gilashinsa ya ce, "In ta tashi fa?"

A makaranta ma ba hutu. Yaran ajina daga "Malama, a ja layi?" sai "Malama, a rubuta kwanan wata?" Su dai yara ne, kuma ana biyana in jure musu. Amma in dawo gida in tarar da masu furfura suna jirana a zaure da irin wannan, wallahi kaina yana ɗaukar zafi.

Auta tana gaishe ki. Ita ko a jikinta, sai murmushi take tana kallon waya. Kayan da aka fara saya mata duk mun tara su a sito, har ƙofa ta fara ƙin rufuwa.

Taki,
Malama

*

Zuwa ga 'yata Malama,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso ni, na karanta a bakin injin, na sake karantawa a ɗaki, sannan na yi kukana na share. Ikon Allah, wai Auta! Yarinyar da na yi ta jijjigawa a ɗakin kusa da famfo, ba ta barci sai an yi ta zagaya ɗakin da ita a baya. Allah ya sa albarka, ya jiƙan mahaifiyarku. Gwiwa da sauƙi in ba a hau bene ba. Kunne kuwa lafiyarsa ƙalau, ku ne ba ku iya magana ba, sai ku riƙa cin rabin kalma. Ki ce wa Yaya ya daina kwana da fanka a kansa, tarin zai ragu.

Ki yi haƙuri da rubutuna, hannu ya yi nauyi. Kada ki sa min jan biro irin na 'yan ajinki.

Maganar masu tambaya, ki rage zafi. Tun kina ƙarama haka kike, in aka tambaye ki abu sau biyu sai ki kumbura baki. Kawunku kuma ki bar shi, motar nan ita ce abin da ya rage masa na lokacin da yake da hali.

Yanzu ga nawa, kuma dole ki amsa tunda ni na share miki hanci. Yaron dogo ne ko gajere? Mahaifiyarsa tana da fara'a? Auta tana cin abinci kuwa, ko ta fara wannan shirmen na 'yan mata na ramewa don hoto? Wa zai ɗinka mata kaya? Kada ku kai wa matar nan ta bakin kasuwa, hannun riga ɗaya take yi ya fi ɗaya tsawo. Na fara yi mata zanen gado da hannuna in na tashi aiki, wane launi take so a bakinsa?

Shugabar sashenmu ta ce in faɗa mata kwanakin da nake so, za ta ba ni hutu. Ni kuma in na zo, a ina zan sauka?

Wani abu kuma. Kin ce kun tara kaya a sito. Gidan da na sani ba shi da sito. Gini kuka yi?

Gwaggonku

*

Gwaggo,

Ina gaisuwa, da fatan gwiwa ta ƙara sauƙi. Baba ya ce fankarsa ba ta yi wa kowa laifi ba. Mu dai muna nan da rai, lafiya kuwa sai bayan biki.

Kin ce in rage zafi. To bari ki ji abin da aka yi min a makon nan, sai ki faɗa min inda zan rage. Matar maƙwabcinmu ta shigo ina wanka, ta tsaya a bakin ƙofar banɗaki tana tambayata ko za ta iya zuwa da ƙawarta, da ƙanwar ƙawar. Da sabulu a idona na ba ta amsa. Wata 'yar uwar Baba da ban taɓa gani ba ta kira ni ina tsakiyar darasi, wai ta ji an ɗaga ranar. Na ce ba a ɗaga ba. Ta ce to wa ya ce an ɗaga? Na ce ai ke kika faɗa. Ta ce to bari ta bincika ta sake kirana! A cikin motar haya ma wata ta dafa kafaɗata daga baya, ta ce, "Ba ke ce yayar amarya ba? Wurin akwai inuwa?" Shugaban makarantarmu ya aika a kira ni ofis, na je ina zaton laifi na yi, ashe so yake ya ji ko maza da mata wuri ɗaya za su zauna.

Abin da ya fi ƙona min rai, duk sun san amsar. Na faɗa, na maimaita, Auta ta tura musu a waya. Mutum zai zauna ya sha shayina, ya tambayi abin da na gaya masa shekaranjiya, ya gyaɗa kai ya tafi, jibi ya dawo. Da ɗalibina ne da tuni na aika a kira uwarsa.

Ga amsoshinki. Yaron dogo ne. Mahaifiyarsa tana da fara'a, har ta yi yawa. Auta tana ci, ta fi ni ma. Ba matar bakin kasuwa ce za ta yi ɗinki ba. Zanen gado ta ce shuɗi. Gini kuwa ina muka ga halinsa? Ɗakin kusa da famfo ne muke kira sito, tunda ba mai kwana a ciki. Katifa, tukwane, akwatuna, labule, duk suna can har kusan rufi.

Amma na samo magani. Zan zauna in rubuta duk tambayoyin da ake min, kowace da lambarta da amsarta a ƙasa, in kai shagon da ke buga mana takardun jarrabawa su buga min da yawa. Duk wanda ya buɗe baki sai in miƙa masa. Bakina ya huta.

Direba yana min oda a waje, bari in tsaya nan.

Malama

*

'Yata,

Na gode, na samu. Lafiya lau nake, sai dai an sauya min injin, sabon yana girgiza ƙafa. Shuɗi za a yi mata, na ma sayi zaren.

Tunda a ɗakin kusa da famfo kuka sa kayan, ku matsar da katifar daga bangon taga. In aka yi ruwa da iska, tagar nan tana zubo da ruwa ta kusurwar hagu, a hankali, ba a gani sai abu ya jiƙe. Ni da tsumma nake toshewa. Kuma kada ku jingina komai mai nauyi da gadon, ƙafarsa ɗaya gajeriya ce. In dai gadon yana nan.

Wannan takarda mai lambobi da za ki buga, ni dai ban taɓa ganin an yi wa dangi haka ba, amma ku ne 'yan boko. Matar maƙwabcin nan da kike faɗa, ita ta riƙa kawo min ruwan zafi lokacin da Auta ta yi ƙyanda. Ki bar ta ta zo da ƙawarta.

Na duba amsoshinki, na ga ɗaya ta ɓace, wataƙila odar direba ce ta kore ta. Shugabarmu ta sake tambayata maganar hutu, na ce ina jiran a faɗa min. In na zo, a ina zan sauka?

Ki shafa min kan Auta.

Gwaggo

*

Gwaggo,

Gaisuwa a gurguje, a shagon tela nake rubutu a kan gwiwata. Kowa lafiya. Telan ya yanka rigar Auta ba yadda aka ce ba, yanzu muna ta fama. Mai ɗakin taro kuma ya ce kujerunsa ba za su kai ba sai mun nemo ƙari.

An bugo takardar, ga taki nan na sa a ciki. Tambayarki tana lamba ta huɗu, na zagaye miki da jan biro don kada ki sha wahalar nema:

"4. A ina zan sauka? Baƙin da suka zo daga nesa za su sauka a masaukin baƙi da ke bayan tashar mota. An kama ɗakuna. A nuna wannan takarda ga mai karɓar baƙi."

Wurin yana da tsabta, ni da kaina na je na duba, kuma na ce a ajiye miki ɗaki a ƙasa saboda gwiwa. In wata tambayar ta taso ki fara duba takardar, da wuya ki rasa ta a ciki. Za a matsar da katifar in an samu sarari.

Malama

*

Gwaggo,

Assalamu alaikum. Lafiya kuwa? Direba ya je ya dawo, ya sake zuwa ya dawo, hannu wofi. Na tsare shi na ce ko ya bar wasiƙata a cikin mota ne ta bi takardun mai. Ya rantse ya ba mai gadi, mai gadi kuma ya ce a hannunki ya sa. Ya ce ma ya hango ki kina fita daga aiki da ƙafarki. To in lafiya kike, me ya hana ki layi biyu? Na kira wayarki tana ta ringi, na san ko kin ɗauka ba ji za ki yi ba, amma da ko numfashinki na ji.

Takardar da na buga kuwa, kada ki yi min dariya. Wallahi gara da. Yanzu mutum zai zo da ita a hannu, ya zauna, ya buɗe, ya ce, "Wannan da aka rubuta a nan, haka ne?" In ce haka ne. Ya ce, "To na ce bari dai in ji daga bakinki." Wata ta ce tata ta jiƙe, in faɗa mata abin da ke ciki tun daga farko. Wani ya kira ya ce ya ga lamba ta biyu ta ce ƙarfe huɗu, to huɗu daidai ko huɗun biki? Matar maƙwabci ta naɗe gyaɗa a tata. Kawu Mai Gilashi ya karanta lamba ta shida, inda na ce akwai filin ajiye motoci, ya shigo ya ce, "Wannan har da motar da aka turo?" Na shiga ɗaki na rufe ƙofa na cusa fuskata a matashi na yi ihu. Baba ya ƙara muryar rediyo.

Ga tela, ga kujeru, ga jarrabawar yara ta zo min a daidai wannan lokaci. Jiya na sa wa wani yaro "duba lamba ta huɗu" a littafin lissafinsa, sai da ya zo ya tambaye ni na ga abin da na rubuta.

Duk garin nan kowa yana da abin tambayata, ke kaɗai kika yi shiru, kuma shirun naki ya fi surutunsu damuna. Auta kullum sai ta ce, "Gwaggo ta faɗi ranar da za ta taso?" Ita ma ta shiga layin masu maimaitawa. Don Allah ki faɗa min ranar da motar da za ki hau, in san wanda zan tura tasha. Lokaci yana ƙurewa.

Malama

*

Zuwa ga Malama mai kula da baƙi,

Bayan gaisuwa, ina lafiya, ina fatan kuna lafiya.

Na samu takarda mai lambobi, na karanta lamba ta huɗu, na gane. Jan biron ya fito sosai. An kyauta da aka tuna da gwiwata.

Na yi shawara da kaina. Hanya tana da nisa, ni kuma ban saba kwana a masaukin baƙi ba. Ban san yadda ake nuna takarda a ba mutum ɗaki ba, kada in je in ba ku kunya a gaban mai karɓar baƙi. Na ce wa shugabarmu ta bar hutun, ta ba wata mai buƙata. Ɗakin da aka kama min a ba wani baƙon, na san suna da yawa.

Zanen gadon ya kusa, direba zai kawo kafin ranar. A wanke shi da ruwan sanyi, shuɗin yana zuba a wankin farko.

Ba ni da wata tambaya.

Allah ya sa a yi taro lafiya.

Ƙanwar mahaifinku

*

Gwaggo,

Haba Gwaggo! Haba don Allah! Ban ma san ta inda zan fara gaisuwa ba. Muna lafiya, in ana kiran wannan lafiya.

Da na karanta wasiƙarki raina ya ɓaci, ba zan ɓoye miki ba. Na ce ga ni ina ta haƙilo ni kaɗai, na taka har bayan tasha na duba miki ɗaki mai kyau, abin da zan samu ke nan, "ƙanwar mahaifinku"? Na jefar da ita a kan tabarma na ce wa Auta, "Ga Gwaggonki nan, ita ma ta samo nata salon." Auta ta ɗauka ta karanta. Ta ɗago ta dube ni ta ce, "Yaya, Gwaggo kika zagaye wa lamba ta huɗu?" Na ce ita ta tambaya. Ta ce, "Gwaggo? Baƙin da suka zo daga nesa?" Sai ta fashe da kuka. Ta ce in kin ƙi zuwa, in nemo wadda za ta sa rigar, ita ba inda za ta. Kin san Auta, ba ta da hayaniya, amma in ta kafe ko Baba ba ya motsa ta. Ta kira yaron a gabana ta ce masa a dakata da komai.

Baba ya kashe rediyo. Tun da aka fara maganar bikin nan ban ga ya kashe shi ba. Ya ce a karanta masa, Auta ta karanta masa taki da takardar lambobin da na buga. Da ta gama ya ce, "Ƙanwata ta bar tata rayuwar ta zo ta riƙe min ku, yau ita ce za ta nuna takarda a ba ta wurin kwana?" Na ce, "Baba, kai ka ce kowa ya tambaye ni." Ya ce, "Na ce kowa. Ban ce ita ba." Ki ji min mutum!

Na ɗauko wasiƙunki na sake bi. Ga taga, ga tsumma, ga ƙafar gado. Sau biyu kina tambayata, ni kuwa kunnena ya riga ya toshe, duk wanda ya buɗe baki lamba nake nema masa. Na ji kunya, Gwaggo, har yanzu ina ji. Ni ce na fara kiran ɗakin sito, kuma ban san ranar da na fara ba.

Washegari ban je makaranta ba, na aika a ce ba ni da lafiya, kuma ba ƙarya na yi ba. Muka buɗe ɗakin ni da Auta muka fara fitar da kaya. Matsalar ita ce inda za a kai su, gidan ko'ina a cike. Muna tsaye a tsakar gida da tukwane sai ga Kawu Mai Gilashi da takardarsa a hannu, ya zo a kan lamba ta shida. Ya ga abin da ake, ya tambaya, Auta ta faɗa masa. Ya ninke takardar ya sa a aljihu ya ce, "Ku kawo su mota." Gwaggo, motar nan ta yi rana! Aka kori kaji, matar maƙwabci ta kawo tsintsiya da ruwan sabulu, ita da ƙawar tata da ƙanwar ƙawar. Akwatuna a kujerar baya, tukwane a but, labule a gaba, katifa a ɗaure a sama an rufa mata leda. Kawu ya kulle ƙofofin da kansa, ya sa kujera ya zauna gadi. Tun ranar bai sake tambayata inda zai ajiye ta ba.

Katifar ta jiƙe ta gefe ɗaya, yadda kika faɗa. Ban matsar da ita ba, na manta. Ki yi faɗan in kin zo.

Gadon yana nan, da kwalin da kika ninke a ƙarƙashin gajeriyar ƙafar. Ƙusar da kike rataya fitila tana nan. A bango, daidai inda kike jingina kai in kina jijjiga Auta a zaune, akwai tabon man gashinki. Auta ta hana a goge. Mun wanke ƙasa, mun toshe taga da tsumma, na shimfiɗa miki zanen gadona mai kyau. Ɗakin masaukin baƙi na ba 'yar uwar Baban nan mai cewa an ɗaga rana.

Amma ke ma, Gwaggo, kin iya ba mutum wahala. Da kin fito fili kin ce, "Ɗakina yana nan?" ai da tuni an wuce wurin. Sai ki biyo ta taga da ƙafar gado, ni kuma kaina ya kasu gida goma. To ga amsarki da hannuna, da baƙin biro, ba lamba: a ɗakinki za ki sauka. Makullin yana cikin ambulan ɗin nan, na naɗe shi a takarda. Na ce wa direba in ya ɓatar da shi kada ya sake biyowa ta layinmu.

Ki koma wurin shugabarku ki karɓo hutunki. Yanzu ni ce mai tambaya, kuma zan yi ta yi har ki gaji: yaushe za ki taso?

'Yarki

*

'Yata,

Wa alaikumus salam, ko da yake ba ki yi sallama ba, malamar makaranta guda. Lafiya lau nake. Ki gaishe da Yaya, ki ce ya kunna rediyonsa, ya isa haka. Ki ce wa Auta ta share hawaye ta kira yaron mutane ta ba shi haƙuri, kada ya ɗauka danginmu duka haka muke.

Kin ce da na fito fili. Ke yarinya ce har yanzu. Ranar da na bar gidan nan kun girma, kin fara koyarwa, Auta tana ɗaura ɗankwalinta da kanta. Na ga aikina ya ƙare, na ce bari in je in nemi na kaina tun ina da ƙarfi. Kuka raka ni tasha, kowa ya ce Allah ya kiyaye hanya. Ba wanda ya ce min ɗakin zai jira ni, ni kuma ban tambaya ba, don ina tsoron amsar. Wanda ya tafi da ƙafarsa ba ya aiko wa mutane cewa a kwashe kayan amarya a ba shi wuri. Sai dai ya tambaya a ina zai sauka, ya ji abin da za a ce.

Hutun da na mayar an riga an ba wata. Na je na same ta a bakin injinta na yi mata bayani da ihu, ita ma ba ta ji sosai, duk sashen suka ji labarin lamba ta huɗu. Ta bar min. Yanzu kowa a masaƙa in aka tambaye shi abu sai ya ce a duba lamba ta huɗu, kin yi suna a nan.

Makullin da kika aiko ga shi na mayar miki, ki riƙe na gida. Kwaɗon nan ni na saye shi, da makulli biyu ya zo. Ɗayan yana ɗaure a bakin zanena tun ranar da na fita, in na sauya zane in sauya masa wuri. Da naki ya zo na kwance nawa na haɗa su a tafin hannu na duba a bakin taga. Haƙoransu iri ɗaya. Ashe ba ku canja ba. Na daɗe ina zaune da su a hannu, har aka kaɗa ƙararrawar komawa aiki ban ji ba, wannan karon kuma ba laifin kunne ba ne.

Laraba zan taso, da motar safe. Kada ki tura kowa tasha, na san hanya. Kada kuma a buɗe min ɗakin, a bar shi a kulle, ni zan buɗe da nawa.

Saura abu ɗaya. Ƙarfe nawa za a fara? Wurin akwai inuwa? Zan iya zuwa da wadda ta bar min hutunta, in ta samu kwana biyu? Na san duk suna cikin takardarki, tana nan na ɗora kofin shayi a kai. Kada ki rubuto. In na zo ki zauna a bakin gadona ki faɗa min da bakinki, da ƙarfi, kuma in ban ji ba ki sake faɗa.

Gwaggonki